Teburin da Ke Gefen Hagu

Wendell Haskett yana da shekara tamanin da ɗaya. Ya fito a finafinai ɗari da sittin da uku, amma sau huɗu kawai aka rubuta sunansa. Yana zaune shi kaɗai a Burbank, a saman shagon wani mai gyaran takalma. A watan Maris likita ya gaya masa tsakiyar ganinsa ta riga ta tafi, kuma ɗan abin da ya rage ta gefen ido da wuya ya kai ƙarshen shekara.

Daga Nebraska ya zo a 1938, ɗan manomin masara, da burin zama jarumi. Bai zama ba. Abin da ya ci da shi baƙar kwat ce ta zuwa liyafa, domin a lokacin duk mai irinta ba ya rasa kira daga kamfanonin fim. Ya fito a ma'aikacin banki, ya fito a baƙon biki, an harbo shi daga kan doki sau goma sha ɗaya. Magana mafi tsawo da ya taɓa yi a fim ita ce gaya wa jarumi cewa motarsa ta iso.

Yawancin aikinsa cika wuri ne. Masu cika wuri suna zama a bayan jarumai, suna motsa baki kamar masu hira, amma ba a yarda su fitar da sauti ba, don kada su ɓata muryar manya. A 1955, a wani fim na otal ɗin bakin teku, aka zaunar da shi a tebur na can gefen hagu tare da wata bazawara mai koriyar riga, Lenore Vasko. Kwana tara aka yi ana maimaita fitowa ɗaya, saboda jarumar ta kasa riƙe maganarta. Kwana taran nan su biyun suna hira ba murya. A rana ta ƙarshe, ana cikin ɗauka, ya tambaye ta da leɓe kawai ko za ta aure shi, ita ma ta ba shi amsa da leɓe. Wannan ɗaukar ce ta shiga fim. Daƙiƙa goma sha ɗaya ce.

Sun yi shekara talatin da uku tare, ba su haihu ba. Ta bar fim ta kama ɗinki, ta rasu a 1988. A sauran finafinanta ƙeyarta kawai ake gani, don haka nan ne kaɗai fuskarta ke motsi.

Sai dai fim ɗin an ɗauke shi ne da faɗin allon silima, kuma idan za a sa shi a talabijin ko a kaset sai a datse gefe da gefe. Wendell yana fitowa. Na Lenore kuwa hannu kawai ya rage, riƙe da kofin shayi. Shekara takwas ya yi yana kallon wannan hannun.

Bayan maganar likita sai ya tasa Duane Pickard a gaba, tsohon abokinsa mai haska fim a wani ƙaramin gidan silima na tsofaffin finafinai a Glendale, ya nemo masa fim ɗin na asali wanda ba a datse ba. Duane ya ce da shi, "Haba Jarumi, fim ɗin nan ko wanda ya shirya shi bai sake kallonsa ba."

Wendell ya ce, "Kai ma ba mai son kallonka, shi ya sa suka ɓoye ka a ɗakin sama."

Wata biyar Duane yana buga waya. Kamfanin da ya yi fim ɗin ya ce kwafinsa ya lalace. A ƙarshe aka samu wani a Ohio, wurin wani likitan haƙori mai ritaya da ke tara irinsu, ya yarda ya ba da aro na mako guda. Fim ɗin ya iso a naɗe cikin gwangwani shida. Duane ya duba, ya gargaɗe shi cewa launin ya koɗe ya koma ja-ja, kada ya sa ran koriyar riga. Wendell ya ce rigar ya san ta, shi ya binne matar a cikinta.

Ranar Asabar da rana aka haska, mutum tara a zauren. Wendell ya zo cikin baƙar kwat ɗin, wadda yanzu ta yi masa yawa, ya zauna a layin gaba. Da fitowar ta zo, a gwangwani na huɗu, bai juya hagu ba, domin duk abin da ya kalla kai tsaye duhu yake zama. Ya kafa ido a fuskar jarumar, wadda ba ya gani, sai teburin ya faɗo a gefen idonsa. Mai sayar da tikiti ta ce ta ga leɓensa yana motsi.

Da aka kunna fitilu Duane ya sauko ya tambaye shi ko ya gan ta. Ya ce ya gani, kuma ya manta tana ɗaga kafaɗa ɗaya idan tana danne dariya. Duane ya ce shekara arba'in ke nan bai taɓa gaya masa amsar da ta bayar ba.

"Cewa ta yi, Wendell, ka bari a gama ɗauka mana, so kake a kore mu?"

Yau Juma'a gwangwanayen za su koma Ohio. Tun Litinin Duane yake buɗe masa zauren kullum kafin masu kallo su zo. Jiya Alhamis Wendell ya hau bas ɗin ƙarfe ɗaya cikin kwat ɗinsa, ya kai wa Duane kofi mai zafi har ɗakin sama, ya sauko yana laluben bango, ya zauna a layin gaba, ya ɗaga hannu a sa masa gwangwani na huɗu.