Goggon Shaibani Ta Samu Aiki a Nuwadibu

Da Ramdan masunci ya rasu a Mamgar, wani gari na bakin teku, rabon gadonsa bai kai tsawon zaman shayi ɗaya ba. Babban ɗansa ya ɗauki kwalekwale, 'ya'ya mata suka raba tabarmi da tukwane. Shaibani, autan maza, ya tashi da taru ɗaya, da sandar dukan ruwa, da Goggo. A kan wannan na ƙarshen ne liman ya ɗan tsaya, ya ce shi dai duk karatunsa bai taɓa cin karo da babin da aka raba dolfin ba. Amma mamacin ya faɗa a gaban shaidu biyu, kuma babu wanda ya yi jayayya, don babu wanda ya san yadda zai kai rabonsa gida in an ba shi.

Goggo dolfin ce, dabbar teku mai siffar ƙaton kifi, mai tsaga a fiffiken bayanta, ita ke gaba a garkenta, su tara ko goma. Duk shekara da sanyi ya fara shigowa, kifin azol yakan biyo gaɓa yana gangarawa kudu. Mai gadi a kan tudun yashi ya ga ruwa ya canja launi, ya kwaɗa kira, maza su shiga iya ƙirji da taru a kafaɗa. Shaibani sai ya kama dukan ruwa da sanda, fal, fal, irin ƙarar da azol ke yi in ya yi tsalle ya faɗo. Goggo ta jiyo daga nesa, ta zo da jama'arta, su jeru kamar katanga su yi ta matso kifin zuwa tudu. Kifi ya rasa mafita ya hau tsalle, wani ya faɗa taru, wani ya faɗa baki. Kowa ya ƙoshi, a watse ba sallama.

Shekara ashirin da huɗu Shaibani ya yi a wannan aiki, kuma bai taɓa koyon iyo ba. Ya ce shi iya ƙirji ya sani, abin da ya wuce nan sashen Goggo ne, ba ya shiga aikin wani. Dogo ne siriri, mai yawan shiru a tudu, amma da ya shiga ruwa sai baki ya buɗe. Yana gaishe da Goggo, ya tambaye ta hanya, ya tambaye ta yara.

Matarsa Taslam, wadda ke fede kifin ta cire ƙwai ta shanya naman, ta gaji da ji. Wata rana ta kira shi Wuld Ramdan, wato ɗan Ramdan, ta ce, "Da kana gaishe ni rabin yadda kake gaishe da kifin nan, da na yi ƙiba."

Ya ce, "Ba kifi ba ce. Nono take ba 'ya'yanta."

"To ni yashi na ba naka?"

Ya ci gaba da ɗinkin tarunsa.

Rigimar ta faro ne a shekarar da ya cika arba'in da tara. Masu taru sukan kasu layi biyu, na Shaibani a dama, na Buna ƙanin Taslam a hagu. Kwana uku a jere Goggo ta karkata kifin gaba ɗaya zuwa hagu. Buna kuwa mutum ne da ba ya iya cin sa'a shiru. Ya riƙa biyowa ta ƙofar gidan da kwando a ka yana cewa, "Mijin yaya, ko a bar maka kawunan? Na ga gadonka ya fi son dangin matarka."

A rana ta huɗu Shaibani ya damƙi wata ƙatuwar azol, cikinta fam da ƙwai. Ya ɗaga ta don Buna ya gani, ta zame ta faɗa ruwa, kafin ya sunkuya Goggo ta haɗiye ta ta kai, kamar yadda suke yi, ko taunawa babu. Ta ɗago ta fesa masa numfashi a fuska. Maza talatin suna kallo. Ran Shaibani ya ɓaci, ya nuna ta da sanda ya ce, "Ɓarauniya, mai haƙoran zarto. Ubana ya yi zaman banza da ke." Ya fita daga ruwa, sauran kwanakin kakar duka bai ƙara ce mata uffan ba. Yana dukan ruwa dai, don aiki aiki ne, amma ba gaisuwa.

Shekara ta zagayo, sanyi ya shigo, Goggo ba ta zo ba. Ko ɗaya daga garkenta bai zo ba. Azol ɗin ma kaɗan ne ya iso, a warwatse. Kowa a Mamgar ya san dalili. Manyan jiragen ruwa na can bayan inda ido ke kaiwa suna share teku, ga kwalekwale masu inji da ke tare kifin tun daga arewa, su cire ƙwai su watsar da gangar jikin. Amma jirage ba sa zuwa masallaci, ba a samun su a harare su. Shaibani kuwa yana sahun gaba kullum.

Shi ma a ransa ya gama yarda zaginsa ne ya kore ta. Abinci ya daina shiga. Ya je wurin liman ya zauna ya ce, "Malam, mutum in ya zagi dabba a gaban jama'a, yaya ake gyarawa?"

Liman ya ce, "Ta ji?"

"Tana jin sanda daga inda ba ma hango ta. Ina ga zagi a gaban hancinta."

Liman ya shafa gemu ya ce, "To ka nemi gafarar Allah. Ita kuma in kun haɗu ka ba ta haƙuri, ban ga inda aka hana ba."

Kwana goma sha ɗaya Shaibani yana shiga ruwa da hantsi, ya fuskanci yamma, ya ba da haƙuri da murya sama. Ba abin da ya zo sai tsuntsaye. Ana nan direban tankar da ke kawo wa garin ruwan sha ya ce ai a birnin Nuwadibu ya ji ana cewa dolfin sun koma bin bayan jirage, suna cin abin da ake zubarwa. Shaibani ya sa babbar rigarsa shuɗiya, ya ɗauki sanda da ƙullin busasshen kifi, ya hau tankar.

A tashar masunta ta Nuwadibu ya samu wani mai kwalekwalen inji, mutumin Ndar mai suna Madike, ya faɗa masa buƙatarsa. Madike ya sa ya maimaita sau biyu, ya kira abokansa su ma su ji, sannan ya ce ya shigo, irin wannan tafiya ko ba kifi ta biya. Suka yi awa uku a ruwa, Shaibani rungume da katakon zama, don tun da aka wuce iya ƙirji ya san ya bar ƙasarsa.

Suka iske wani ƙaton jirgi yana jan taru, ma'aikata na kwasar ƙananan kifaye matattu da shebur suna watsowa ta baya. Dolfin sun fi ashirin a cikin kumfar, ba layi, ba tsari, kowa na wawura. Can ya hango tsagar. Goggo ce, ta yi ƙiba har wuyanta ya ninke.

Ya leƙa ya doki ruwa da sanda. Ƙarar injin jirgin ta haɗiye dukan, shi kansa bai ji ba. Ya sake. Sannan ya tattara murya ya ce, "Goggo, ni ne ɗan Ramdan. Na yi kuskure. Kifin nan halalinki ne, kin yi aikinsa."

Ta ɗago kusa da su, ta juya ido ɗaya ta dube shi, ko kuma ta dubi ƙullin kifin da ke cinyarsa. Ta yi numfashi, ta nutse, ta bi jirginta.

Madike ya ce, "Baba, me ta ce?"

Shaibani ya ce, "Tana bakin aiki. Mu koma."

Da ya iso gida mutane suka cika tsakar gidan. Ya ce ya gan ta, lafiyarta ƙalau, ta samu aiki a wurin masu jirgi, ba kora, ba jeri, abinci na zuwa da kansa. Buna ya ce to shi ma a tambaya masa ko suna ɗaukan mutane. Taslam ta ce, "Ka ga, ashe ba zaginka ba ne. Har dolfin ta gane garin nan ba a ƙoshi." Ta tura masa kwanon shinkafa, ya cinye tas, karon farko cikin wata biyu.

Shekara biyu bayan haka mata masu tsintar itace suka ga wani abu kwance a gaɓa, arewa da gari. Goggo ce, igiyar tarun roba ta naɗe mata wutsiya ta ci nama, ga sara uku a jere a gadon bayanta, irin na farfelar inji. Wata likitar dabbobi daga masu kula da gaɓar ta zo ta nemi izinin buɗe cikin, kuma da yake an ce mata akwai mai ita, wurin Shaibani ta nema. Ya yarda, ya juya baya. Aka fito da ledoji bakwai, ƙugiya ɗaya, da takalmin roba ƙafar hagu. Buna ya matso ya duba ya ce ya yi kama da nasa da ya ɓata bara waccan. Likitar ta ce ba za ta ba shi ba, na bincike ne.

Shaibani ya nemi a yi mata sallah, liman ya ce a'a, nan kam ya ga inda aka hana. Aka daidaita a kan binnewa. Maza goma sha biyu suka haƙa rami a bayan tudun yashi. Shi kuma ya shimfiɗa tabarma a ƙofar gida, ba tare da ya gayyaci kowa ba, sai ga mutane suna zuwa ɗaya bayan ɗaya, har daga ƙauyukan arewa. Ba wanda ya san abin da ya kamata ya faɗa, sai su ce Allah ya ba da haƙuri, su sha shayi kofi uku, su tashi. Kwana uku aka yi.

Kaka huɗu suka wuce ba dolfin. Samari suka koma kamun kifi a kwalekwale, wasu suka tafi birni. Shaibani bai fasa fita da sandarsa ba duk lokacin sanyi. A kaka ta biyar wasu ƙananan dolfin biyar suka amsa. Suka zo da gudu, suka kewaye shi, ɗaya ya ciji sandar, sannan suka faɗa tsakiyar ɗan azol ɗin da ya taru suka kora shi teku. Washegari ma haka.

Buna ya ce, "Waɗannan 'yan iska ne, mijin yaya."

Shaibani ya ce, "Marayu ne. Iyayensu sun mutu a bayan jirgi, wa zai nuna musu? Uwa ce ke koya wa ɗa wannan aikin."

Sai ya ɗauki koyarwar a kansa. Ya lallashi tsofaffi shida, har da Buna, suka shiga ruwa suka jeru ta bayan kifi, suna tafiya a sunkuye suna fesar da numfashi, don yaran su ga yadda ake yi. Dolfin ɗin suka tsaya gefe suna kallo, da alama abin ya burge su, don kullum sai sun dawo. Tsofaffin suka yi mako biyu, mura ta kwantar da huɗu, sauran suka ce su ba dolfin ba ne. Gwiwoyin Shaibani ma suka kumbura. Taslam ta hana shi tsayuwa, ya ƙi zama a gida, aka sasanta a kan kujerar roba da ake kafa masa a ruwa iya gwiwa.

Wata Juma'a, maza duk sun tafi masallaci, shi ƙafa ta hana shi zuwa, yana kan kujerarsa yana ɗan taɓa ruwa, sai ya ga su biyar ɗin sun jeru. Suka matso wani ɗan garken azol har gaban ƙafafunsa. Ba taru, ba namiji ko ɗaya. Ya yi ta kiran Taslam. Ta fito da maƙwabta mata takwas, suka faɗa ruwa da kwanduna da zannuwan gado da labulen ƙofa. Kafin a sallame sallar Juma'a sun fito da kifi sittin da uku.

Har yau ana gardama a Mamgar ko da gangan yaran suka yi ko kuwa kifin ne ya ɓata hanya, don ba su sake maimaitawa ba a wannan kakar. Da maza suka fito suka taru suna taya Shaibani murna, bai ko yi murmushi ba. Ya ce na gefen hagu yana barin rata, na tsakiya kuma ya fara ci tun ba a kai tudu ba, akwai sauran aiki. Ya ce wa Taslam gobe ta matsar masa da kujerar gaba kaɗan. Ta ce in ya ƙara taku ɗaya sai dai ya koyi iyo, ta kama hannunsa suka hau tudu.