Direban Motar Awon Jini

A duk kasuwar da farar motar asibitin nan ta taɓa tsayawa, an san muryarsa kafin a san fuskarsa. Tuƙi kawai aka ɗauke shi ya yi: ya kai Sista da kayan awonta inda za ta gwada wa mutane hawan jini kyauta, ya jira ta, ya dawo da ita. To amma Allah ya yi shi da baki, ga lasifika a kan motar, ita kuwa Sista muryarta ba ta ƙetare teburinta. Da haka makirufo ya zama nasa, har 'yan kasuwa suka raɗa masa Baba Lasifika.

Kuma a ba shi haƙƙinsa, ya iya. "Jama'a, hawan jini ba ya sallama," in ji shi. "Ba ya ciwo, ba ya ƙaiƙayi, sai dai a ji wane ya faɗi a banɗaki. Ku zo a gwada ku, ba allura ba kuɗi." In mahauci mai tumbi ya zo wucewa, ta lasifikar zai tare shi: "Maigida, wannan tumbin ba arziki ba ne, zo ka zauna." Ya yi faɗa a kan gishiri, ya yi a kan taba da maiƙo da zaman wuri ɗaya. Mutane da dama suna shan magani a yau saboda ya kunyata su a bainar jama'a, kuma suna sa masa albarka.

Duk tsawon shekarun nan, hannunsa bai taɓa shiga abin awon ba. Shi yake ɗauko shi, shi yake kaɗe masa ƙura, shi yake sayo masa batir, amma ko da wasa bai yarda an ɗaura masa ba. Ranar da ake duba lafiyar ma'aikata kuwa, ikon Allah, ranar ce motar take kwana a gareji.

Tsoro ne, ba wani abu ba. A ofishinsu, direban da aka samu da ciwon zuciya karɓe makulli ake yi, kuma ta haka ne shi kansa ya samu wannan kujerar. Ga yara a makaranta, ga shi ba shi da wata sana'a bayan sitiyari. Ya kuma san akwai abin tsoron. Wansa yana ɗaura takalmi ya kife, bai tashi ba. Shi ma in ya hau bene da akwatin kayan aiki, sai ya ji kamar an aza masa buhu a ƙirji, sai ya tsaya ya yi kamar yana duba waya. Ya sa wa abin suna ƙwannafi, suka ci gaba da zama tare.

"Baban yara, kai da kake kai wa mutane awo har inda suke, ba za ka miƙa naka hannun ba?" in ji matarsa.

"Mai hawan jini ne zai yini a rana yana magana? Ke dai miƙo gishirin nan."

Wata rana aka tura su tashar mota. Baba ya yi wa'azi har maƙogwaronsa ya bushe, direbobi suka yi cirko-cirko suna kallonsa, ba wanda ya matso. Ya fi kowa sanin dalili, shi ya sa ma haushinsu ya kama shi, ya ce musu matsorata. Sai wani direban tirela ya ɗaga murya daga baya: "To Baba, tunda kai ba matsoraci ba ne, fara miƙa naka mu gani."

Sista, baiwar Allah, ba ta san komai ba. Da murnarta ta ja masa kujera. Ya dubi taron, ya dubi kujerar, ya ga babu gareji a kusa. Ya zauna yana dariya, ya naɗe hannun riga.

Abin ya matse damtsensa, ya saki. Sista ta duba, ta koma ɗaya hannun. Sannan ta ce, "Baba, ɗan huta tukuna." Ya sha jin wannan maganar daga bayan teburin, ya san irin mutanen da ake gaya wa ita.

"'Yata, rufa mini asiri," ya ce ƙasa-ƙasa. "Ki ce lafiya lau."

"Ba zan faɗa wa mutanen nan komai ba, Baba. Amma yau ba zan shiga motar da kake tuƙawa ba, kai ma ba za ka tuƙa ta ba. Asibiti za mu wuce."

Ba sai ta faɗa ba, direbobin sun ga fuskarta. Kafin a samo wanda zai ja motar, layi ya kai bakin ƙofar tasha. Tunda yake aikin nan bai taɓa tara mutane kamar ranar da ya yi shiru ba.

Likita ya yi gwaje-gwajensa, ya ce jinin ya daɗe yana hawa, zuciyar ta wahala, jijiyoyinta sun tsuke. Za a ba shi magani, kuma in ya kiyaye zai daɗe. Amma tuƙa mutane, wannan ya wuce. "Da tun farko ka zo, Baba," in ji likitan, "ƙwaya ce kawai da safe, da kana kan sitiyarinka har ka gaji da shi." Baba ya sunkuyar da kai. Abin ya yi masa ciwo ƙwarai, don makullin da ya yi ta gudun a karɓe, ashe da kansa ya yi shekaru yana miƙa shi.

Ofis ba su kore shi ba. Sun ce direba ana samu, muryarsa ce babu irinta. Da ya warware ya koma aiki, ƙafarsa ta kai shi ƙofar direba, har ya kama murfin, sai ya ga wani a zaune yana gaishe shi da ladabi. Ya amsa, ya zagaya ɗaya ɓangaren. Duk hanya ƙafarsa ta dama tana neman birki inda babu.

A kasuwa Sista ta shimfiɗa kayanta, ta miƙa masa makirufo. Ya hura, ya ji yana aiki. Mutane suka juyo suna murmushi, suna jiran ya fara tsokanar wani.

"Jama'a," ya ce, "a da ni nake tuƙa motar nan."