Hannun Gaston Kawai Suka Bar Mini

Shekara goma sha ɗaya ke nan da rasuwar abokina Gaston, Bafaranshe, ɗan wasan sinima da tiyatir. Kada ku wahalar da kanku, ba ku san shi ba. Ko a Faransa mutane kan tare shi a titi su ce, "Ba kai ne mai gyaran famfonmu ba?" Sai ya ce shi ne, har ya tambaya ko yoyon ya tsaya.

Shekara hamsin yana wasa, bai taɓa zama jarumin fim ba. Ya fito a jandarma, ya fito a mai gadin bene, ya fito a limamin coci, ya yi gawa sau uku. Ni da na tsaya aji huɗu a lakwal ɗin Maraɗi ban isa in yanke wa sinimar Faransa hukunci ba, amma na yanke: babu wanda ya kai shi iya mutuwa.

A Pari muka haɗu, ina aikin garson, mai kai wa mutane kofi, a wani kafe, kafin in ƙetaro Amurka. An ba shi ya fito a garson, abin da zai faɗa kawai, "Ga kofinku." Sati uku yana bin bayana da tire, yana fasa wa mai kafe kofuna. Na ce, "Gaston, kalma biyu ce fa." Ya ce, "Issufu, kalmar kowa ya iya. Tafiyar ce ban iya ba."

Watan jiya ƴata Hadiza ta kira ni daga garinsu Pleasant Garden, wai mijinta Sani ya samo wannan fim a intanet. Shekara da shekaru ina ba su labarin mutumin nan suna yi mini kallon mai ƙari. Na sa babbar riga na tafi.

Abin da na tarar ko a maƙiyi ba na fata. An yanyanka fim ɗin guntu-guntu, an matse hoton a tsaye kamar ƙofar bayi don ya shiga waya. Jarumi na tsakiya yana hura taba. Duk wanda ke gefe an datse shi. To, Gaston a gefe ya yi rayuwarsa. Hannu kawai ya shigo da tire, ya ajiye kofi, ya fita. Kalmominsa biyu ma an danne su da wani kiɗa.

"Baba, wanne ne abokin naka?" in ji Hadiza.

"Ga shi nan. Hannun."

Sani ya yi dariya. "Alhaji, ai weita ne kawai, ba ya cikin labarin."

Na dubi mutumin da na ɗauki ƴa na ba shi. Na ci tuwon gidan, amma ban yaba ba.

Da Gaston na nan, na san ba zai yi fushi ba. Cewa zai yi a maido baya, ya duba ko tiren ya karkata. Ni ne abin ya tsaya wa a wuya. Yau kowa na tsakiyar wayarsa. Ku bi ta unguwar Glenwood ku gani, ɗalibai na tafiya suna ɗaukar fuskarsu da kansu, duk jarumai, babu mai yarda ya kawo kofi.

Sai dai ƙyamar ba ta tsaya kan su Sani ba. Da Hadiza ke maida ni gida a mota ta ce, "Baba, yaya kamanninsa?" Na buɗe baki. Gashin bakin jandarma ya zo mini, sanƙon limamin coci ya zo. Tasa fuskar, wadda ta zauna gabana tana shan shayi, ta ƙi zuwa. Ni ba wanda ya ba ni almakashi, ga shi na datse.

Abin da ya rage kaset ɗaya ne da matarsa ta aiko mini bayan rasuwarsa. Yana ciki gaba ɗayansa, daga hula har takalmi. Amma kaset ɗin Faransa ne, injinan Amurka layi-layi kawai suke nunawa. Duk wanda ya zo daga gida da tsohon injin bidiyo irin na Faransa, ya same ni bayan sallar Juma'a, ni ne mai sanda kusa da takalma. Kada wanda ya tunkaro ni da waya.