Abayar Firdaus Mai Faɗin Kafaɗa

Firdaus 'yar Gusau ce, tela tun tana budurwa, irin matan nan da zama wuri ɗaya ke sa musu ciwon kai. Da mijinta Saifuddeen ya samu aikin injiniya a Doha, sai ta tsinci kanta a saman bene a unguwar Al-Sadd, ba maƙwabciyar leƙawa, ba mai kawo ɗinki. Ta share gida ta sake sharewa. Ta yi ta juya kujerun falo har mijin ya daina gane mazauninsa.

Garin latse-latsen waya ta ci karo da zanen wasu 'yan matan Japan, shugabannin gungun 'yan makaranta: siket har idon sawu, riga mai faɗin kafaɗa, kallo ba ko ƙiftawa. A rufe suke ruf, amma ko a hoto sai mutum ya ji ya kamata ya kauce musu. Abin ya tsaya mata a rai. Ta sayo baƙin yadi mai kauri, ta ɗinka abaya, ta farke, ta sake ɗinkawa, ta miƙar da wuyan, ta yi mata aikin jan zare a baya.

"Wannan kuma yaƙi za ki?" in ji Saifuddeen.

"Unguwar Mushairib za ni. Yalla, maza, Abban Hanif, ba ni hanya."

A tashar jirgin ƙasa wata mata ta ji Firdaus tana Hausa a waya, ta tare ta. Dakta Ruƙayyatu ce, likita 'yar Azare.

"Baiwar Allah, wa ya ɗinka miki wannan?"

"Ni ce, Anti."

Likitar ta shafa kafaɗar rigar. "A taron asibitinmu, ina buɗe baki ake katse ni. Ɗinka min irinta."

Firdaus ta ɗinka. Ranar gwaji ta hana ta sunkuyar da kai, ta sa ta zagaya falo tana taku da ƙarfi har dariya ta ƙwace musu.

Bayan kwanaki likitar ta kira. An sake katse ta, in ji ta, amma ba ta yi shiru ba sai da ta kai ƙarshen maganarta.

Daga nan matan unguwar Al Gharrafa suka fara aiko da awo. Firdaus ta ɗinka wasu, sauran ta ce khalas, ya isa haka, ta gaji da baƙin yadi. Yanzu cigiya take yi, ko akwai inda ake koya wa mata wasan takobin gora irin na Japan a Doha.