Saniyar Ardo a Cikin Gwangwani

Har in koma ga Allah ba zan manta ranar da Ardo Jaɓɓi ya zo bariki nemana, ya koma yana sa wa wani albarka ba. Ku yaran yanzu kun san Malam Sani a matsayin marubucin tarihin silima, mai ɗakin ajiyar tsofaffin finafinai a Maradi. Ni na san shi yana ƙaramin komi, wato akawu, a ofishin kumandan, Baturen mulkin Dakoro, shekaru kaɗan kafin Faransawa su tafi.

Ni ne mai injin silimar gwamnati. Ranar kasuwa bayan magariba nakan kafa farin ƙyalle in haska wa jama'a. Sani kuwa aikinsa karɓar bobin, wato naɗin fim a gwangwaninsa, ya ajiye a sito. Mutum ne mai tsirfa. Cikin randa yake jera gwangwanayen, ya binne gindinta a jiƙaƙƙen yashi don kada zafi ya lalata su. Mu kuwa mu yi ta yi masa dariya, muna cewa ya shayar da su fura ma.

Akwai bobin guda da wani Bature ya ɗauka a kasuwar shanunmu tun da daɗewa. Wata rana ina haska shi, sai wani dattijo ya miƙe tsakiyar taro ya ƙwala kira: "Wule!" Ardo ne, daga wajen Azagor. Ya gane saniyarsa, uwar garkensa da ciwon bushiya, annobar shanu, ya share gaba ɗaya.

Da rani ya zagayo, sai ga shi da hantsi tare da 'ya'yansa manya biyu, yana tambayar gardin ƙofa, "Ina mai injin nan da ya tada mani Wule?" Ni ke nan fa. Tun da na fara aiki ba wanda ya taɓa nemana da kaina. Na gyara hula, na ce yau zai gan ta har ya gaji.

Sani ya hana. Ya ce ramukan gefen fim ɗin, inda haƙoran inji ke kamawa, duk sun yage. In ya sake shiga inji, ko ya tsinke ko ya kama wuta. Na ce aikina ne, na fi shi sani. Muka kai magana gaban kumandan.

"Mushe Kumandan," in ji Sani, wato yallaɓai da Faransanci, "in aka haska shi yau, gobe babu shi. Kuma babu wani irinshi ko a Yamai."

Kumandan ya tambaye ni ko zan iya rantsuwa ba zai tsinke ba. Ban iya ba. Ya kaɗa hannu ya ce mai ajiya ke da magana.

Ina tsaye ina huci, Sani ya shimfiɗa wa Ardo tabarma a bakin sito, ya wanke hannu, ya zo ya kwance gilashin gaban injina, nawa fa, ko sannu bai ce mini ba. Ya warware fim ɗin a hankali, ya ɗaga shi saitin hasken rana, ya ɗora gilashin a kai.

"Baffa, duba nan. Mi ka gani?"

Ardo ya kafa ido a gilashin. Can ya kira babban ɗansa. "Zo ka ga tabon ƙahonta. A wajen wancan," ya nuna ni da haɓa, "wucewa ta yi kamar ba ta san ni ba. Wanga ya tsayar mani da ita."

Wallahi maganar ta soke ni. Ni na sa saniyar nan ta yi tafiya, ta kaɗa wutsiya a gaban duk Dakoro, amma na zama "wancan". Suka wuni a tabarmar suna bin hoto ɗaya-ɗaya har la'asar. Da za su tafi, Ardo ya riƙe hannun Sani da hannu biyu ya ce, "Amana ce na bar maka." Ni kuwa ya ɗaga mini sanda daga nesa. Na yi kwanaki ban yi wa Sani magana ba, shi kuwa ko lura bai yi ba, abin da ya fi ba ni haushi ke nan.

Abin da na koya shi ne, a wannan sana'a mai haskawa tafin yamma ɗaya yake samu, mai ajiyewa kuwa shi ake nema bayan shekaru. Na yarda da haka, amma kada ku ce ya yi mini daɗi. Injina ya mutu tuntuni, an yi murhu da ƙarfensa. Bobin ɗin yana nan wajen Sani, ya rubuta littafi a kansa, har ya sa sunana a ciki, layi ɗaya.

Bara jikokin Ardo suka same ni a kasuwa, suka gaishe ni da ladabi. Na ɗauka an tuna da ni. Ashe kwatancen gidan Malam Sani suke so. Na kwatanta musu, har da inda za su sauka daga mota.