Matar da ke kiran sunan 'yata

Shekarun baya, lokacin ban daɗe da zuwa garin Greensboro a ƙasar Turawa ba, na yi kishi da wata tsohuwar Baturiya, kishin da har abinci ya hana ni ci.

'Yata ta fari ce ta ɗauko ni daga gida bayan rasuwar mahaifinta. Tana digiri na uku a jami'a, muna zaune a wani ɗan gida a unguwar Glenwood, maƙwabtanmu duk ɗalibai masu yawo a keke da gajeren wando. Ni ko aji ɗaya ban taɓa shiga ba, amma ina da ido, kuma abu ba ya wuce ni. Da na tambaye ta me take karantawa, na ɗauka za ta ce likita. Sai ta ce tarihin yaƙe-yaƙen gicciye. Wai a zamanin da, Nasara sun taso daga ƙasashensu, sun ɗinka gicciye a kafaɗar riga, suna zuwa ayari-ayari don su ƙwace Ƙudus daga hannun Musulmi, aka yi ta gwabzawa tun daga kakanni har jikoki.

Na ce, "To wa ke koya miki?" Ta ce Farfesa. Na ce Musulma ce? Ta ce a'a, har coci take zuwa. Na ce, "Wato jikar waɗanda suka kawo yaƙin ita ce za ta ba ki labarinsa." Ta yi dariya. Ni ban yi ba.

Daga nan gidanmu ya zama na Farfesa. Farfesa ta ce kaza, Farfesa ta ba ni littafi, Farfesa na mura. Ranar Asabar da ya kamata ta zauna in yi mata kitso, sai ta ja mota ta tafi Summerfield gidan matar, wai suna karanta tsofaffin littattafan Larabci. Ta dawo da kai a tsefe da kek a cikin roba. Na ɗanɗana kek ɗin a ɓoye don in san da me ake saye ta. Sukari ne zalla.

In na haɗu da matanmu a masallaci, cewa nake addinin yarinyar nake ji wa tsoro. Amma na sa mata ido sosai, sallah ɗaya ba ta bari. Abin da ke cina daban ne. A wajenmu uwa ba ta kiran sunan 'yar fari, kunya ce. Tun da na haife ta sunanta bai taɓa fita daga bakina ba. "Ke" nake cewa, ko "yarinyar nan". Ba na yabonta gaban mutane, ba na rungumarta. Haka uwata ta yi wa yayata, babu wanda ya ce ƙiyayya ce. Sai ga wannan mata tana bugo waya, wayar na kan teburin kicin kowa na ji, tana rangaɗa sunan nan kamar ita ta yi naƙudar. Ko daidai ba ta iya faɗinsa ba.

Wata rana aka ce Farfesa ta gayyace mu cin abinci. Na ce ba na zuwa. Daga baya na ga gara in je in ga abin da ido na. Na ɗaura atamfata mafi tsada, na sa awarwaro har hannu na nauyi, kamar mai zuwa ɗaurin aure.

Gida ne babba cikin fili, ga dawakin maƙwabta suna kiwo. Matar ta fito, 'yar ƙarama, gashi fari fat, ta wuce ni ta rungume yarinyar tukuna. Har kazar halal ta nemo, don dai kada in sami abin cewa. Muna ci ta kama hannun 'yata a kan tebur, ta yi magana mai tsawo tana kallona. Yarinyar ta sunkuyar da kai ta fassara: "Wai ba ta taɓa samun ɗaliba irina ba. Wai ko kina alfahari da ni?"

Na ce, "Ki gaya mata ko tuwo ba ki iya tuƙawa ba."

Ta juya ta faɗi 'yar gajeriyar magana, Farfesa ta yi murmushi har da dafa ƙirji. Na ce, "Ke, na ji tankiyu a ciki. Yaushe na ce na gode?"

"Mama, don Allah ki ci kazarki."

Sai Farfesa ta ce wa yarinyar ta ba ni labarin abin da take rubutu a kai, tunda ban taɓa ji ba. Ta fara da ƙyar, amma da ta shiga ciki muryarta ta canza. Wai an ja daga a wani gari na bakin teku, Nasara a sansaninsu, Musulmi a nasu. Wasu daga ɓangaren Musulmi suka laɓaɓa cikin tantunan Nasara suka ɗauke jinjirin wata mata, ɗan watanni. Ta kwana tana kuka. Manyansu suka ce mata ta je wurin sarkin Musulmi, an san shi da tausayi. Ta tsallaka ita kaɗai zuwa sansanin abokan gaba, ta faɗi a gabansa, tafinta na fassara. Idon sarkin ya kawo ruwa, ya sa aka bi sawu, aka tarar har an sayar da yaron a kasuwa. Ya fanso shi ya miƙa mata. Nan take ta ba shi nono gaban sojoji, aka ɗora su a doki aka mayar da su wurin mutanensu.

Ban san lokacin da na ɗaga cokali ba. Na ce, "Ita ta ji daɗi, tana da sarkin da za ta kai wa ƙara. Ni da aka ɗauke tawa da rana tsaka, ana kiran sunanta a gabana, wa zan kai wa?"

Cokalin kuwa Farfesa yake nunawa. Ta tambayi yarinyar me na ce, yarinyar ta ƙi fassarawa. Matar ta dubi cokalin, ta dube ni, fuskarta ta yi ja. A hankali ta saki hannun 'yata ta tashi ta ce bari ta kawo shayi.

A hanyar komawa yarinyar ta tsayar da mota a jikin wani farin shinge.

"Mama, kishi kike yi da Farfesa?"

"Da wa? Da wannan mai kai kamar audugar rimi?"

Ta yi dariya har ta kifa kai a sitiyari, da ta ɗago kuma hawaye ne na gaske. Ta ce, "Ta ɗauka faɗa muke yi. Ta ga ba kya kiran sunana, ba kya kallona in ana yabona. Don ta sasanta mu ta haɗa abincin nan. Na yi mata bayanin kunya, ta kasa ganewa."

Na ce, "Ke fa? Kin gane?" Tambayar da nake tsoro kenan tun ranar da na sauka ƙasar nan.

Ta ce, "Mama, sunana ai har mai gyaran mota yana kira. Mutum ɗaya ce a duniya ba ta kira, kuma na san dalili."

Na juya ina kallon dawaki don kada ta ga fuskata. Na ce, "Ja mota, kin tsaya a ƙofar gonar mutane."

Yanzu yarinyar ita ke koyar da yaƙe-yaƙen nan, Farfesa ta yi ritaya, muna gaisawa da hannu da ido. In na tuna, ba Baturiyar ce ta tayar min da hankali ba. Tsorona kada 'yar da na haifa ta daɗe cikin mutanen nan har ta riƙa jin shiruna da irin kunnensu. Wannan tsoron ya tafi tun a jikin shingen nan. Kishin ne dai bai tafi ba, ba zan yi muku ƙarya ba. Har gobe in Farfesa ta bugo waya ta ja sunan nan, sai in tashi in bar musu falon. Ta yi ta kira. Ni ban kira ba, kuma ba zan kira ba.