Bajon Uwar Akwati

Ita ce ta fara karanto kimiyyar nukiliya a ƙasar. Ta dawo daga ƙasar waje tana da shekara talatin da ɗaya, kamar ta tashi sama don ɗoki. Gwamnati ta sayo injin bincike a akwatunan katako bakwai. Shida suka shige ɗakin gwaji. Na bakwai, mai ɗauke da zuciyar injin, ya fi ƙofa faɗi da taƙi ɗaya, ga bango na kankare mai kaurin kamu uku, an zuba shi musamman don tare tururin nukiliya. Shugaban cibiyar binciken ya ce bangon ginin da minista ya buɗe ba ya fasuwa sai da izinin minista. Aka jingine akwatin a baranda, aka lulluɓa tamfol.

Ministoci goma sha ɗaya suka zo suka wuce, kowanne ta je masa da ƙafarta. Ɗalibai suka raɗa mata Uwar Akwati. Maigidanta kan tambaye ta ko jaririn nata na baranda ya fara rarrafe. Da tana dariya, daga baya ta daina, shi ma ya kama bakinsa.

Ƙa'idar aikin ce kowa ya maƙala ɗan bajo a ƙirji, da fim a ciki mai yin duhu gwargwadon tururin da jiki ya sha. Duk wata a kai a wanke. Abokan karatunta na waje har hutun dole ake ba su in nasu ya yi duhu. Nata kuwa fes yake dawowa, sifiri. Ba ta taɓa fashin saka shi ba, wai ba a fafe gora ranar tafiya.

Ranar ritayarta aka yi liyafa a ɗakin gwajin, akwatuna shidan suka zama teburin lemo. Sabon shugaba, tsohon ɗalibinta, ya miƙa mata lambar yabo ta kiyaye lafiya a bakin aiki.

"Mama, shekara ashirin da tara bajonki ko dushewa bai yi ba. Da wuya a sami irinki a duniya."

"Da wuya kam, ɗana," ta ce. "Wadda ba ta shiga kicin ba ai ba ta ƙonewa."

Aka ɗauka barkwanci ne, aka yi tafi. Ta fito baranda ta ɗaga tamfol. Gara ta gama da katakon, tsatsa ta ci ƙarfen. Ta cire bajon ta maƙala masa, ta gyara lulluɓin, ta tafi neman mota.